Ranar da Aka Ba Kurege Ajiyar Gyaɗa

Ga ta nan, ga ta nanku.

Ta zo mu ji ta, ko ta ƙarya ce.

A wani garin dabbobi, wai shi Kurmin Musu, akwai gardamar da aka gada tun kaka da kakanni. Rabin gari suka ce hali zanen dutse ne, ba abin da ke sakewa a duniya. Su ne 'Yan Dutse, Jaki ne babbansu. Hujjarsa guda ce: kukan da kakansa ya yi, shi yake yi har yau. Sauran rabin suka ce duniya juyi-juyi ce, na jiya ba shi ne na yau ba. Su ne 'Yan Juyi, Kwaɗo ne babbansu, don shi da wutsiya ya taso, ga shi yanzu ko ta korar ƙuda ba shi da ita.

Kullum a gindin tsamiya, Jaki ya ce dutse, Kwaɗo ya ce juyi. Jaki ya ce dutse, Kwaɗo ya ce juyi, har rana ta faɗi.

Shi Kurege, inda aka dafa nan ra'ayinsa yake. Ɓarawo ne kuwa na a-zo-a-gani.

Wata shekara aka tara gyaɗar gari duka a rumbu ɗaya. Kurege ya kewaya rumbun, ya sake kewayawa, bai ga kafa ba. Sai ya nufi gindin tsamiya, kai a sunkuye.

Ya ce, "Jama'a, na tuba. Na bar sata."

Kwaɗo ya yi tsalle. "Kun ji ko? Har Kurege ya sake!"

Jaki ya ce, "Ƙarya ne. A ba shi gadin rumbu mu gani."

Aka yi na'am. In damina ta zo gyaɗa na nan, 'Yan Juyi sun ci gardama. In ya taɓa, 'Yan Dutse sun ci, shi kuma a datse masa wutsiya.

Kurege ya tare a rumbu. Bai gama zama ba sai ga Jaki ta baya, yana raɗa. "Ɗan'uwa, ka ɗan ɗanɗana mana. Kada ka ba halinka kunya."

Kurege ya ce, "Maganar manya ba a ƙin ta, ranka ya daɗe." Ya ci.

Can sai ga Kwaɗo da ƙwaryar dambu. "Ƙanena, cika cikinka da wannan, kada gyaɗa ta ba ka sha'awa."

Kurege ya ce, "Kyautar manya ba a ƙin ta, ranka ya daɗe." Ya cinye, ya ɗora da gyaɗa don ta danne.

Yau dambu da gyaɗa, gobe gyaɗa da dambu. Kowace safiya ya ce wa kansa, "Kurege, daga yau ka daina." Kowace yamma ya ce, "Kai, wa ya taɓa jin maganarka, balle ni?"

Ruwan farko ya sauka, gari ya taru a ɗebi iri. Aka buɗe rumbu, sai ɓawo, sai Kurege a tsakiya, ya yi ƙiba kamar tulu. Aka jawo shi, aka kawo gatari. Amma bakinsa bai mutu ba.

Ya ce, "Malam Jaki, kai ka koya mana ba abin da ke sakewa. Ashe gyaɗa tana nan yadda aka zuba ta. Me na ci?" Ya juya. "Malam Kwaɗo, kai ka ce na jiya ba shi ne na yau ba. Wanda ya ci gyaɗa wani siriri ne. Ku dube ni. Ku je ku nemo shi."

Sai cikin Jaki ya yi ƙugin yunwa.

Jaki ya daka tsawa, "Wace irin tana nan? Da rumbu cike yake, yanzu wayam! Abu ya sake!"

Kwaɗo ya kumbura. "Wane siriri? Kai ne dai, ɓarawon jiya, ɓarawon yau! Hali zanen dutse!"

Suka tsaya, suka dubi juna.

Jaki ya ce, "Me ka ce? Alhamdu lillahi, ka dawo hanya!"

Kwaɗo ya ce, "Kai ka fara dawowa, kowa ya ji!"

Gari ya kaure, mai gatari ma ya ajiye don ya sa baki. Kurege ya sulale, ya ruga raminsa, ya tura kai. Kai ya shiga, ciki ya ce ban san zancen ba. Ya yi gaba, ya ƙi. Ya yi baya, ya ƙi.

Ya ce, "Kaico! Rami bai sake ba, ni na sake. Ashe duk su biyun suna da gaskiya, ni ne sakaran."

Nan matan gari suka iske shi, rabi a ciki rabi a waje. Su ba su tambayi na jiya ne ko na yau ba. Rabin da suka samu shi suka ba muciya, har ya faɗa ciki da ƙarfin duka.

Ƙurunƙus kan ɓawon gyaɗa. In za ka yi sata a garin masu ilimi, ka fara auna ƙofar gidanka.