Sha Ɗaya Muka Shiga

Lyman Prewitt shi ne kyaftin ɗin 'yan ƙwallon Kwalejin Ashby Mills da ke jihar Ohio, a kakar wasa ta 1903. Ƙato ne mai faɗin ƙirji, ba ya tsoron karo da kowa. Aibinsa guda, girman kai. A wurinsa duk wanda ya ce wayyo a fili ya tashi daga namiji.

Ba ƙwallon ƙafa da muka sani ba ce; a wancan zamani wasan na turereniya ne. Mutum ɗaya zai rungume ƙwallo, sauran su dunƙule a bayansa su danna shi cikin abokan karawa, wanda ya faɗi a tattake shi. Doka ta ce wanda ya fita daga fili ba ya komawa, koci kuma ba shi da bakin magana daga gefe. Saboda haka fitar da ɗan wasa yana hannun kyaftin.

Wasa shida suka yi, suka cinye duka, ba su canja mutum ko ɗaya ba. Jaridar garin ta laƙaba musu suna Sha Ɗayan Ƙarfe. Wannan suna ya shiga kan Lyman, har ya fi cin wasan kansa daɗi a kunnensa.

Mai tsaya masa a tsakiyar sahu shi ne abokin ɗakinsa, Otis Vandermark, ɗan manomi, mai yawan dariya da yawan ci. Ana saura kwana biyu wasan ƙarshe, mahaifiyarsa ta aiko masa da hular fata ta kare kai da wani baduku ya ɗinka. Lyman ya ɗaga ta da yatsa biyu a gaban kowa.

"Kai ɗan gona, wannan kuma fa? Kaskon ba wa kaji ruwa?"

"Tsohuwa ce ta matsa," in ji Otis.

"To ka ce ta aiko da zane ma, ka haɗa."

Aka tuntsire da dariya, har da Otis. Daga baya Otis ya cusa hular ƙarƙashin gado.

Ranar Asabar suka kara da Kwalejin Dunmore. An kwana ana ruwa, fili ya zama taɓo. Bayan hutun rabin lokaci Ashby Mills na da maki shida, Dunmore na da biyar. Sai aka yi wani mummunan karo, mutane suka zube kan juna. Da aka ɗaɗɗaga su, Otis ne na ƙarshen tashi. Ya miƙe yana tangaɗi, ya wuce sahunsu, ya je ya tsuguna cikin 'yan Dunmore.

"Prewitt," in ji wani daga cikinsu, "zo ka ja bijiminka, ko kyauta ka ba mu?"

Lyman ya janyo shi. "Lafiya kake?"

"Lafiya lau," in ji Otis, idanunsa ba sa tsayawa wuri ɗaya. "An tatsi shanun kuwa? Rana ta yi."

Eben Stroud, wanda ya girme su duka a ƙungiyar, ya matso ya yi ƙasa da murya. "Kyaftin, fitar da shi. Bai san inda yake ba. Ga mutum uku can a benci."

Lyman ya dubi bencin. Ya dubi ɗan jarida da ke gefe riƙe da fensir.

"Saura minti goma," ya ce. "Sha ɗaya muka shiga, sha ɗaya za mu fita. In cikinka ya ɗuri ruwa, Stroud, kai ka fita."

Ya watsa wa Otis ruwan bokiti a fuska, ya juya shi ya fuskanci inda ya kamata. 'Yan Dunmore ba makafi ba ne. Sun ga inda katanga ta tsage, nan suka riƙa dannawa, sau bakwai a jere. Kowane karo Otis ya tashi, don jikinsa ya saba tashi. Aka busa tashi shida da biyar, ɗalibai suka ɗauki Lyman a kafaɗa.

A ɗakin canja kaya Otis ya yi amai, ya ce bari ya ɗan kishingiɗa. Bai ƙara magana ba. Likita ya ce jini ne ya taru a kansa, kuma da an kwantar da shi tun bugun farko, da wataƙila ya tashi. Ya cika ranar Litinin da hantsi. Kafin mako ya ƙare hukumar kwaleji ta soke ƙwallo gaba ɗaya.

Mahaifin Otis ya zo ɗaukar gawa. A tashar jirgin ƙasa, bayan an saka akwatin a tarago, tsohon ya tsaya gaban Lyman.

"Kai ne Prewitt? Kullum sunanka a wasiƙarsa."

"Ni ne, Baba."

"Abu ɗaya nake so in sani. Ya roƙa a fitar da shi?"

Lyman ya yi sauri ya ce, "Bai roƙa ba, Baba. Ko sau ɗaya."

"Na sani. Ba zai roƙa ba, ni na haife shi." Tsohon ya kama ƙarfen tarago zai hau. "Ina tsammani shi ya sa aka ɗora wani a kansu."

Jirgi ya tashi. 'Yan wasa tara suka juya suka nufi kwaleji, babu wanda ya jira Lyman.

Mai karatu, shugabanci amana ce, ba ado ba. Wanda aka danƙa wa mutane, aikinsa ya ga ciwon wanda kunya ko biyayya ta hana shi faɗa, ya tsayar da shi ko da za a rasa nasara. Kirari iska ne, gobe wani za a yi wa. Rai kuwa in ya fita, babu kyaftin ɗin da zai mayar da shi fili.