Tsingaron Birnin Halikira

An yi wani sarki a ƙasar Farisa, sunansa Mihrazad, wanda ya yi wata bakwai yana kewaye da wani birnin Yunanawa na bakin teku mai suna Halikira, bai ci shi da ƙarfin mashi ba sai da wani attajirin birnin, Damukas, ya buɗe masa ƙofa. Daga cikin waɗanda aka kama a kan ganuwa akwai wani shugaban jiragen ruwa, Timakus, wanda ya ba dakarun sarki wahalar da har suka tsufa ba su manta ba.

Mutanen wannan birni ba su da sarki, sai wata al'ada mai ban mamaki. Idan suka ji tsoron wani babba zai danne su, sai kowane magidanci ya ɗauko tsingaron fasasshiyar tukunya daga gidansa, ya karce sunan mutumin a kai, ya jefa a dandali. Wanda sunansa ya fi yawa, sai ya bar gari shekara goma.

Ranar da sarki ya zauna hukunci, Damukas ya sa aka juye kwando shida na tsingaro a gabansa, ya faɗi ya yi gaisuwa, ya ce, "Allah ya ja zamanin sarki, ga shaidar jama'a. Bara suka kori Timakus, kowane ɗaya daga cikin waɗannan sunansa ne a jiki. Ya karya dokarmu da ya dawo, ya kuma zare maka takobi. Mutumin da danginsa suka ƙi, me sarki zai yi da ransa?"

Sarki ya dubi fursunan. Sai ya juya ga alƙalinsa, wani tsoho mai suna Sipandar, ya ce, "Malam, abin ya ɗaure mini kai. Gari ya kori mutum, shi kuma ya dawo ya tsaya a kan ganuwarsa yana neman mutuwa dominsa. Ko dai garin butulu ne, ko mutumin mahaukaci. Ka warware mini kafin kwana uku, in ba haka ba zan bi shaidar da ke gabana, a sare kansa."

Alƙali ya ce, "Ranka ya daɗe, ban iya karatun Yunanawa ba, amma a ba ni tabarma da ƙwaryar danƙo."

Fadawa suka yi ta ƙus-ƙus, wai tsufa ya mai da malam yaro, ga shi can tsugune a inuwa yana wasa da fasassun tukwane. Ni kuwa, duk lokacin da na zo nan a labarin, sai girman tsohon nan ya cika mini zuciya, domin kowa sunan da ke jikin tsingaron ya duba, shi kaɗai ya dubi bakinsa, inda ya karye.

A rana ta uku alƙali ya jera tuluna goma sha huɗu a gaban sarki, an liƙe su tsaf, kowanne jikinsa cike da sunan Timakus. Ya ce, "Allah ya ba ka nasara, an ce kowa daga gidansa yake kawo nasa. To, yaya tsingaron gida ɗari zai haɗu ya ta da tulu ɗaya? Waɗannan a tsakar gida ɗaya aka fasa su, aka rubuta, aka raba wa waɗanda aka biya su jefa. Ga kuma tambarin mai su a gindi."

Aka kifa tulu, sai ga tambarin rumbun man zaitun na Damukas.

Sarki ya fusata, ya ce a kashe Damukas, a naɗa Timakus hakimin birnin. Alƙali ya durƙusa ya ce, "Ina neman afuwa. Abin da aka sace wa mutanen nan bakinsu ne, kuma in sarki ya yanke musu, bai mayar musu da shi ba. A bar su su sake jefawa."

Timakus ma ya yi magana, karo na farko: "Ranka ya daɗe, in sun sake korata da hannunsu, zan tafi ban yi ƙorafi ba."

Aka yi shela, jama'a suka cika dandali, kowa da nasa a tafin hannu. Da aka tattara, sunan Damukas ne ya rinjaya, na Timakus kuwa bai cika tafi biyu ba. Sarki ya sa aka kai wa alƙali kwandunan, ya yini yana gwadawa, bai sami ko biyu da suka haɗu ba.

Damukas ya fita daga gari da ƙafarsa, aka kwance Timakus ya koma gidansa da ransa. Sarki ya tuɓe alkyabbarsa ya yafa wa Sipandar, ya ɗora shi a kan dukan alƙalan daularsa, sannan ya ce a rubuta wa hakimansa: mai mulkin da yake son adalci, kada yawan shaidu ya ruɗe shi, sai ya bincika ko daga gida ɗaya suka fito.