Wanda Ya Mayar da Wata Baya

Ku matso ku ji, amma kowa ya riƙe hukuncinsa sai na kai ƙarshe.

A Funtuwa an yi wata budurwa, Rumasa'u, wadda mahaifiyarta ta rasu tun tana goye. Ko muryarta ba ta sani ba. Samari uku ke sonta, kuma abokan juna ne: Lawwali, Tasi'u da Huzaifa. Ran nan ta ce musu, "Akwai bidiyon bikin Inna a wani wuri. Wanda ya kawo min muryarta, shi zai turo magabatansa."

Lawwali ya yi wata biyu yana cigiya, har ya gano mai hoton bikin ya koma Agadas. Ya lallashi tsohon ya ɗora bidiyon a intanet, amma shafin zai goge shi da magaribar Juma'a.

Ranar Juma'ar suka taru a shagon Huzaifa. Intanet ɗin garin tana yawan yankewa, bidiyon ba zai sauku ba sai da manhajar da ke ci gaba daga inda aka tsaya. Suna buɗe ta, ta ce kwana talatin na gwaji sun ƙare, a saya. Tasi'u, da tun safe yake cika yana batsewa ganin yadda Rumasa'u ke yi wa Lawwali murmushi, ya ja kwamfutar gabansa, ya mayar da kwanan watanta baya. Manhaja ta ɗauka jiya aka sa ta, ta kama aiki.

Saura kaɗan a gama, bayan la'asar, aka ɗauke wuta, ga batirin kwamfutar ya daɗe da lalacewa. Huzaifa ya saɓo janareto daga bakin tasha, a ƙafa, har kafaɗarsa ta saɓule. Ana kiran sallah bidiyo ya sauka.

Rumasa'u ta ji Inna tana dariya, tana cewa a rage gishiri. Ta yi kuka, ta miƙa wa Huzaifa hankicinta ya goge jini. Tasi'u ya ji kamar a ƙirjinsa aka kunna janareton.

"Da ban mayar da wata baya ba, me za ku sauke?" in ji shi.

"Kai ɓarawon kwanaki, yi mana shiru," in ji Lawwali. "Wa ya nemo?"

Huzaifa dai yana ta ninke hankici.

To, jama'a, magabatan wa Rumasa'u za ta ce su zo?