Saniyar Manu da Kanwar Sama

Akwai wani makiyayi a gefen Fakuwa mai suna Manu. Shanunsa ba su da yawa, amma a cikinsu akwai wata farar saniya, Kyauta, wadda mahaifinsa ya bar masa. Manu ya yarda ya wuni da yunwa, amma Kyauta ba ta wuni.

Ku bari in ɗan kai ku sama tukuna. A wannan labari, akwai wani birni da ke shawagi cikin gizagizai tsakanin Kankiya da Kusada. Abin da ke riƙe da shi wani farin dutse ne mai walƙiya, ana kiransa kanwar sama. Da ita mutanen birnin ke kwaɓa ƙasar harsashin gini, shi ya sa gidajensu ba sa faɗowa. Ita ce fitilarsu, ita ke sanyaya musu ruwan randa. Har a bakin tabarma suke ɗinka ta, su hau su sauko kasuwa sayen gero da nono.

Wata safiya bayan an yi ruwa da iska, Manu ya tsinci dunƙulenta a bakin gonarsa, kamar ƙaton curin fura. Ya naɗe a rawani ya kai ɗaka, nan take ɗakin ya haskaka.

Matarsa Lami ta dafe ƙirji. "Malam, wanga abu na da mai shi. Ka kai masallaci a yi cigiya yadda aka saba."

"Cigiyar mi? A gonata ya faɗo. Rabona ne."

Washegari sai ga wata mata ta sauko kan tabarma a ƙofar gidan, idanunta sun yi jawur. Ta ce sunanta Shamsiyya.

"Bawan Allah, iska ta ɓantare kusurwar ɗakin tsohuwata. Ɗakin ya karkace, ita kuma ba ta iya tashi. Ko ka ga wani abu mai haske?"

Manu ya dube ta ido cikin ido ya ce, "Ban ga komai ba."

Lami ta sunkuyar da kai don kunya. Shamsiyya ta ce za ta wuce kasuwar Kusada ta ci gaba da tambaya har la'asar.

Tana tafiya Manu ya hau tunani irin nasa na makiyayi. Kanwar ƙasa ma tana buɗe wa dabba ciki ta yi ƙiba, ina ga ta sama? Ya fasa dunƙulen biyu, ya daka rabi, ya zuba wa Kyauta a komi. Ta lashe tas.

Kafin azahar ƙahonninta suka fara ƙyalli. Manu ya yi dariya har da tafi. Da ya duba ƙasa dariyar ta maƙale, don kofatanta ba sa taɓa ƙasa.

Ya yi wuf ya zarga mata igiya ya ɗaure a jikin gawo. Kyauta ta ci gaba da tashi. Ta wuce tsayinsa, ta wuce danga, har igiyar ta miƙe tsam. Tana kuka tana harba ƙafafu a iska, ɗan maraƙinta a ƙasa yana zagaye yana neman nono. Manu ya rataye a jikin igiyar da duk nauyinsa, ko gezau. Sai ya ji zarenta ya fara tsinkewa ɗaya bayan ɗaya.

Tsoro ya kama shi, gumi ya jiƙa masa riga. Ya jefa mata igiya ta biyu ya ɗaure.

"Tashi ka tahi Kusada," in ji Lami. "Ka nemo baiwar Allah nan tun ba ta koma ba."

Ya ɗauki sauran rabin, ya tare ɗan acaba. Duk tsawon hanya yana waiwaye, yana hango farin ɗigo a saman itatuwa, yana roƙon Allah kada igiyar ta tsinke.

Cigiyar da ya ƙi yi a masallacin unguwa, sai ga shi yana yin ta a tsakiyar kasuwa, a gaban masu awo da mahauta.

"Jama'a, ina mai neman kanwar sama? Tana wajena! Ƙarya na yi mata!"

Shamsiyya ta ratso mutane ta iso gabansa. Ta karɓi rabin, ta ɗora Manu kan tabarmarta suka nufi Fakuwa.

Sun tarar igiya ɗaya ta riga ta tsinke. Shamsiyya ta daɗe tana duban saniyar.

"Ta shiga jininta, Malam. Ba ta ƙara taka ƙasa. In wagga igiya ta tsinke, za ta wuce birninmu zuwa inda babu ciyawa babu ruwa. In ka ba ni ita, za ta rayu a wajenmu."

"Babu magani?" in ji Manu.

"Babu. Da ɗazu ka faɗi gaskiya, al'adarmu mu ɓantar wa mai tsintuwa kamar ƙwayar goro. Da kun ajiye ta kusa da ƙwarya, da nononku bai ƙara lalacewa ba."

Lami ta tambaya ko rabin zai riƙe ɗakin tsohuwa.

"Zai riƙe, amma a karkace zai zauna."

Manu ya matsa jikin gawon. Da hannunsa ya kwance ƙullin, da hannunsa ya miƙa wa Shamsiyya igiyar. Ya tsaya yana kallon saniyar mahaifinsa tana tashi, hawaye na zubo masa, har gajimare ya rufe ta.

Lami ce ta raini maraƙin da madarar wata saniya a ƙwarya. Har yau in hadari ya biyo ta Fakuwa, Manu kan ajiye sanda ya ɗaga kai ya kira sunan Kyauta. Wata rana yakan ji ta amsa daga nesa.

Darasi: Abin da ka tsinta yana da mai shi, kuma wataƙila rayuwar wani ce ke rataye a kansa. Ka yi cigiya tun da wuri, kafin kwaɗayin abin wani ya raba ka da naka. Ku tura wa 'yan uwa da abokai su ma su amfana.