Sulken Gizago

Ku gyara zama, wannan ba ta gizo da ƙoƙi ba ce, kuma in na kai ƙarshe ba mai tashi sai ya faɗi nasa.

A Gusau akwai wani dattijo, Kawu Jatau, wanda ya mai da zaurensa filin yaƙi. Duk Asabar bayan la'asar yakan shimfiɗa taswira a kan tebur, matasa huɗu su kewaye shi. Ba caca ba ce, kada wani ya ɗaure mini fuska. Wasan labari ne. Kawu ke ba da labarin, shi ne kuma alƙali, kowane ɗan wasa yana da jaruminsa, ɗan mutum-mutumin itace kamar babban yatsa. In jarumi zai kai sara ko zai kauce, sai a jefa ɗan lido mai fuska ashirin, abin da ya fito shi ne hukunci.

Kowane jarumi yana da lambar kariya. In dodo ya kawo hari, sai a haɗa ƙarfinsa da abin da ɗan lido ya nuna. In jimlar ta kai lambar kariyarka, ka sha duka, ko da kunnen doki aka yi. Jarumin da ya mutu kuwa, cikin tulun matattu ake jefa shi, wani tulu mai ƙaramin baki a kusurwar zaure wanda hannu ba ya shiga. Kawu bai taɓa fasa tulun nan don kowa ba.

To, a cikin matasan akwai Talle, jaruminsa Gizago. Yayansa Sallau ne ya sassaƙa Gizago da hannunsa, ya zana masa sulken ƙarfe da bakin wuƙa, ya yi wasa da shi har Allah ya karɓi ransa. Talle ya gaji ɗan itacen, yana ji da shi kamar tsoka ɗaya a miya. Sulken ya ba Gizago kariya goma sha shida. Sai dai Gizago na da zafin nama na maki huɗu da ake ƙarawa a kan kariya, kuma dokar wasa ta ce sulke mai nauyi yana haɗiye zafin nama, wanda ya sa shi ba ya iya gocewa. An sha gaya wa Talle haka, shi kuwa ko a jikinsa. Sulken Yaya Sallau ne, magana ta ƙare.

Ana nan sai Talle ya sami aiki a Fatakwal. Ran Asabar ɗinsa ta ƙarshe suka shiga kogon Dodon Kwazazzabo, mai ƙarfi tara, wanda suka daɗe suna farauta. Yaƙi ya yi yaƙi! Ana ihu, ana buga tebur, shayi ya huce ba wanda ya kula. Can sai dodo ya maka wa Gizago kulki, ya bar shi da numfashi ɗaya tak. Talle ya jefa ɗan lido don ya rama, ya sari iska. Yanzu abokansa uku za su yi nasu ɗaya bayan ɗaya, sannan dodo ya sake ɗaga kulki.

Talle ya dubi tulu. Tsoro ya kama shi sosai, don ji ya yi kamar za a sake binne yayansa. Ya miƙe tsaye ya ce, "Wallahi duk wanda ya ceci Gizago, shi zan bar wa shi in na tafi!"

Ta farko ita ce Asabe, 'yar Kawu, taubashiyar Talle, wadda jarumarta mai magani ce. Tana da maganin ƙarfe ƙulli ɗaya, ta daɗe tana ɓoyonsa, ko ranar da tata jarumar ta kusa sheƙawa ba ta taɓa shi ba. Ba ta tsaya lissafi ba, ta ce ta ɗura wa Gizago shi. Kawu ya girgiza kai.

"Asabe, kin yi asara. Maganin nan goma sha huɗu yake bayarwa, sulke sha shida. Aikinsu ɗaya, ba a tara su, babba ake ɗauka. Kuma kin manta sharaɗinsa, ba ya ci a jikin da ke sanye da ƙarfe."

Talle ya dafe kai ya ce, "Haba taubashiya, ko a nan ma sai kin cuce ni?" Asabe ta sunkuyar da kai, idonta ya ciko.

Na biyu shi ne Gambo, abokin Talle tun suna yawo ba wando. Jaruminsa ɓarawo ne mai kaifin wuƙa, shi kansa kuma ba ya magana sai leɓensa ya gama motsi da lissafi. Kowa ya zaci dodo zai soka. Sai ya ce, "Kawu, na zagaya bayan Gizago, na yanke maɗaurin sulkensa."

Zaure ya kaure. Talle ya yi tsalle ya cafki wuyan rigar Gambo. "Ka haukace? Sulken Yaya Sallau! Tsirara za ka bar shi a gaban dodo?"

Gambo, ana shaƙe da shi, ya ce, "Sake ni ka ƙirga, malam. Ba ƙarfe a jikinsa yanzu, magani ya ci, sha huɗu. Ba nauyi, zafin nama ya dawo, huɗu. Nawa ke nan?"

Talle ya sassauta hannu a hankali. Goma sha takwas! Asabe ta rangaɗa guɗa har kajin tsakar gida suka watse. Kawu ya shafa gemu ya ce lissafi daidai ne, amma sulken ya faɗa ramin kogo, ba mai sake ganinsa. Talle ya zauna, murna da baƙin ciki suna kokawa a ƙirjinsa, ya kasa duban Gambo.

Na uku shi ne Mati, maƙwabcinsu, mutumin da zai yi maka musu a kan sunanka har ka fara shakka. Jaruminsa na tsaye daf da wutsiyar dodo, garkuwar ƙarfe ce kaɗai ta hana shi zama nama. Mati ya ce ya wurga wa Gizago garkuwar, ƙarin maki biyu. Kawu ya yi murmushin mugunta.

"To ka ɓata aikin 'yan'uwanka. Garkuwar ƙarfe ce, magani ya karye."

Talle ya yi salati. Mati kuwa ya gyara hula, abin nema ya samu.

"Kawu, Allah ya ƙara maka lafiya, maimaita mana sharaɗin."

"Ba ya ci a jikin da ke sanye da ƙarfe."

"Sanye! To tun da kake, ka taɓa jin an ce wane ya sa garkuwa? Riga ake sawa, hula ake sawa, sulke ake sawa. Garkuwa riƙe ta ake yi. In ba haka ba, Kawu, kai ma sanye kake da kofin shayin nan."

Kawu ya dubi kofin da ke hannunsa. Daga bisani ya fashe da dariya har da tari, ya ce, "Ɗan banzan yaro, ka kama ni da bakina. Ashirin!"

Sai dodo ya ɗaga kulki. Kawu ya karkaɗa ɗan lido a tafinsa, ya sake shi a tsakiyar taswira. Ya gangara, ya bugi kofi, ya yi juyi kamar ba zai tsaya ba, kawuna biyar suna binsa. Ya tsaya a kan goma. Goma da tara, sha tara. Saura ƙiris! Kulki ya goge gefen garkuwa ya daki dutse.

Kai, ranar har masu wucewa a titi sai da suka leƙo. Talle ya rungume Mati, Gambo ya hau kujera, Asabe tana ta buga faranti. Dodo cikin fushi ya kaɗa wutsiya ya karya hannun jarumin Mati, wanda ba shi da garkuwa, kuma Kawu ya ce hannun ya tafi ke nan. Da juyi ya zo kan Talle, Gizago ya yi tsalle, sakayau ba nauyi, ya fille kan dodo.

Da ƙura ta lafa, Talle ya ɗauki ɗan itacen ya sumbace shi, sannan ya tuna rantsuwarsa. Hannu uku suka miƙo.

Asabe ta ce ba don maganinta ba, da wuƙar Gambo kisa ce, kuma ita ta ba da abin da ta hana kanta, ta sha gori a kai. Gambo ya ce ba don wuƙarsa ba, da maganin yana nan kwance ba amfani, sulke da garkuwa kuma sha takwas ne, da kulki ya shiga, shi ne kuma ya sa abotarsa a bakin wuta. Mati ya ce su biyun duka a sha takwas suka tsaya, dodo kuwa sha tara ya kawo, maki biyunsa da bakinsa ne suka rufe ƙofa, jaruminsa kuma ya zama mai hannu ɗaya har abada.

Talle ya juya ga Kawu. Dattijo ya ɗaga hannu ya ce shi alƙalin dodanni ne, ba ruwansa da wannan shari'a. Ga mota za ta tashi da safe, ga rantsuwa a wuya, Gizago kuwa guda ɗaya ne, ba ya tsaguwa uku. Talle ya tsaya da ɗan itacen yayansa a tafin hannu, yana duban wannan, yana duban wancan.

To jama'a, ku da kuka ji komai, a hannun wa Talle zai sa Gizago: Asabe mai magani, Gambo mai wuƙa, ko Mati mai garkuwa?