Manomin da Ya Tafi Teku da Gora

Ɗana Habila ba ya nan, kuma ba shi da kabari. Wata goma sha huɗu ke nan da ya shiga wani jirgin roba a bakin tekun Libiya, shi da mutane masu yawa. Abokinsa Dogara, wanda bai sami wuri a jirgin ba, shi ya kira ni a waya ya ce, "Mama, sun tashi, amma ba su sauka ba." Na ce, "Sun nutse ke nan?" Ya ce bai sani ba. Har yau iyakar abin da aka faɗa mini ke nan.

Tun daga ranar na hana kowa kuka a gidana. Na ce ba a yi wa mai rai kuka. Sau uku Pasto Barnaba yana zuwa ya tambaye ni ko a sa ranar da ikilisiya za ta taru a yi wa Habila addu'ar sallama, ina ce masa a dakata tukuna. Ran nan matar Habila, Keziya, tana tankaɗen gari, sai ta ajiye rariya ta ce, "Mama, don Allah ki gaya mini. In an ce a majami'a gwauraye su miƙe a yi musu addu'a, in miƙe ko in zauna?"

Tambayar nan ta ruɗa ni.

A cikin wannan ruɗewa na tuna hirar kakanmu, game da zamanin da manyan jiragen ruwa sukan tashi da mutane su ɓace, ba waya, ba labari. Daga nan na haɗa wannan misali domin ajinmu na makarantar Lahadi. Misali ne, ba tarihi ba. Ku karɓe shi yadda yake.

An yi wani manomi a wani ƙauye na bakin kogi, yana da ɗa guda ɗaya. A lokacin jirgin ƙasa bai daɗe da zuwa ba. Fataken goro suka gane cewa maimakon su yi watanni suna bin jakuna zuwa Gwanja, za su iya gangarawa Ikko su shiga babban jirgin ruwa mai hayaƙi. Ɗan ya ce zai bi su. Uban ya sa masa albarka, ɗan ya tafi bayan girbi, ya bar matarsa a gida.

Ana gab da damina sai ga madugunsu, wato shugaban tafiyar, ya iso shi kaɗai. Ya durƙusa a ƙofar gida ya ce, "Baba, jirgin da ɗanka ya shiga ya tashi da mutum fiye da ɗari biyu. An jira shi a can kwana uku, an jira kwana talatin. Bai isa ba."

Manomi ya ce, "Ya kife?"

"Ba wanda ya gani."

"To, su wa suka bi gaɓa?"

Madugu ya ɗaga kai ya ce, "Gaɓa kuma, Baba?"

Manomi ya ce, "Ruwa ya ci mutum ɗari biyu, a rasa mai bin gaɓa? Ashe birni ba maza!"

Ga dalilin tambayarsa. A ƙauyensu, in kogi ya ci mutum, ba a kuka, ba a zaman makoki, sai an ga gawa. Maza sukan rabu biyu, su bi gaɓar nan da gaɓar can, suna gangarawa inda ruwa yake tafiya, kowa da doguwar gora mai ƙugiya a baki. Sun san ruwa ba ya riƙe mutum fiye da kwana uku. Sun kuma san wani wuri inda kogin ya lanƙwasa, saiwoyin wani tsohon ɓaure suka shiga ruwa. Duk abin da kogi ya ɗauka, a nan yake maƙalewa. Shi kansa manomin ya fid da mutum huɗu a wurin da hannunsa.

Saboda haka da matan gida suka fara ɗora hannu a ka, sai ya daka musu tsawa. Ya ce, "Kada in ji muryar kowa. Zan je in ɗauko shi." Ya ɗauki gorarsa da igiya, ya naɗe farin likkafani ya sa a jaka, ya kama hanya.

A tasha aka hana shi shiga da gorar, gama ta fi taragon tsawo. Mai duba tikiti ya yi dariya ya ce, "Tsoho, tsamiya za ka kaɗo a Ikko?"

Ya ce, "Ɗana zan ɗauko."

Mai duba tikiti ya daina dariya. Ya karɓi gorar ya ɗaure ta a kan rufin jirgi da kansa.

A Ikko ya sauka a zangon Hausawa. A nan ya sami wani dattijo mai ido ɗaya, wanda ya yi shekaru yana zuba gawayi a wutar manyan jiragen ruwa. Dattijon ya saurari abin da ya kawo shi. Da safe ya kama hannunsa ya kai shi bakin teku.

Manomi ya tsaya. Ya sa hannu a goshi yana hange, ya daɗe. Sa'an nan ya ce, "Ina ƙetaren?"

Dattijo ya ce, "Akwai shi. Sai dai jirgi yakan yi kwana da kwanaki bai gan shi ba."

"To, ina ne gangarensa? Ina yake tafiya?"

"Jefa kara ka gani."

Manomi ya jefa kara, kamar yadda yake yi a gida in yana so ya san inda ruwa ya nufa. Karan ya tafi, ya juyo, ya faɗi a ƙafarsa. Ya sake jefawa, ya sake dawowa. Ya ɗebi ruwan ya kai baki, ya tofar. Ya ce, "Wannan wane irin kogi ne? Ba ya zuwa ko'ina, kuma ba ya tsayawa."

Duk da haka ya saɓa gorarsa. Ya bi gaɓa ta hannun dama kwana uku, yana neman inda ruwan ya lanƙwasa. Bai ga kome ba sai yashi da masunta waɗanda ba ya jin harshensu. Ya komo ya bi hannun hagu kwana uku. Da safe ruwan ya hau, da yamma ya janye, ya rasa wanne ne cika, wanne ne ƙafewa. Ya shiga har iya ƙirji yana lalube da ƙugiya, raƙuman ruwa suka ɗaga shi suka buga da ƙasa. A rana ta bakwai dattijon ya same shi zaune a kan yashi, gorar tana kwance kusa da shi.

Dattijo ya ce, "Malam, fatake sun ce an yi ruwan shuka a wajenku. Wa zai shuka maka?"

Manomi ya ce, "Ba zan koma babu ɗana ba. Me zan ce wa matarsa? Mu ba ma kuka sai mun gani."

Dattijo ya zauna. Ya ce, "Na taɓa ganin an zura igiya daga jirgi, da ƙarfe a bakinta, don a san zurfin ruwan nan. Igiyar ta ƙare, ba ta taɓa ƙasa ba. Ko ka haɗa gorar ƙasarku duka baki da baki, ba za ka kai ba. Mu ma a jirgi mukan yi mutuwa. In ɗan'uwa ya cika a tsakiyar ruwa, mukan naɗe shi, mu yi masa addu'a, mu sake shi."

Manomi ya zabura. "Ku jefar da mutum kamar mushe?"

"Ba jefarwa ba ce, ajiya ce. Kabarin da kake sa mutanenka a gida, wa yake haƙawa?"

"Mu."

"Wannan fa, wa ya haƙa shi?"

Manomi ya dubi tekun.

Dattijo ya ce, "Kai da ka haƙa naka, ka san wanda yake ciki. Shi da ya haƙa wannan, shi ne zai manta?"

Suna nan zaune har rana ta yi tsaka. Sa'an nan manomi ya buɗe jaka ya fito da likkafanin. Dattijo ya roƙi wani masunci, ya ɗauke su a kwalekwale har inda ruwa ya yi baƙi. Manomi ya ƙulla dutse a cikin farin ƙyallen, ya kira sunan ɗansa, ya sake. Ya bi shi da ido yana sauka, yana ƙanƙancewa, har ya daina ganinsa. A nan ne kuka ya ƙwace masa, irin wanda bai taɓa yi ba tun yana yaro.

Ya bar gorar a zango, ya koma gida. Surukarsa ta tarye shi a ƙofa, ta dubi hannunsa, ta ga ba kome. Ta ce, "Baba, ka gan shi?"

"Ban gan shi ba."

"To, ina yake?"

Ya ce, "Ni ban sani ba, 'yata. Amma na ga girman wurin, na kuma san Mai wurin. Ku yi kukanku." Aka yi makoki kwana bakwai. A rana ta takwas ya ɗauki iri ya tafi gona.

To, 'yan'uwa, ga abin da misalin yake nufi, iyakar abin da na iya ganewa.

Kogin nan shi ne wahalar da muka san girmanta. Zazzaɓi, ƙarancin hatsi, faɗan gida, har ma mutuwar da aka yi a kan tabarma muna riƙe da hannun mutum. Waɗannan suna da gaɓa biyu. Iyayenmu sun koya mana yadda ake bin su, kuma koyarwarsu mai kyau ce. Gorar ita ce wannan sani namu, da dabararmu, da ƙoƙarinmu. Manomin bai yi zunubi da ya ɗauke ta ba. Ƙauna ce ta sa shi. Kuskurensa ɗaya ne: ya zaci kowane ruwa kogi ne.

Teku kuwa shi ne abin da ya fi ƙarfin saninmu. Na san a ajin nan ba ni kaɗai ba ce. Akwai wadda aka tare mijinta a hanyar gona shekara uku ke nan, ba a sake jin muryarsa ba. Akwai wanda 'yarsa ta tafi neman aiki, lambarta ta daina shiga. Mukan jefa tambaya ga Allah, ta dawo ta faɗi a ƙafarmu kamar karan nan. Mu sake jefawa. Muna can a bakin yashi, a gida kuwa ruwan shuka yana wucewa, masu rai suna jiran mu ba su izini su yi kuka.

Wannan ne ya kama ni. Ina cewa bangaskiya ce ta sa na hana kuka. Ashe har da tsoro. Ina gani kamar in na saki Habila, ya ɓace ke nan, kamar riƙon da nake yi masa shi ne yake riƙe da shi. Alhali hannuna bai kai inda yake ba tun ranar farko. Hannun Ubangiji ne yake can. Yesu da ya shiga kabari ya fito, ba wani rami a ƙasa ko a ruwa da yake baƙo a gare shi.

Ba zan yi muku ƙarya in ce na gane duka ba. Ban san dalilin da ya sa Dogara ya rasa wuri, Habila ya samu ba. Ban sani ba ko ya sha wuya, ko ya kira ni. Wata 'yar'uwa da na karanta wa wannan ta ce, "To, in kun yi makoki, wata rana ya shigo da ƙafarsa fa?" Na ce mata in haka ta faru, zan sha kunyar nan da murna, in yanka akuya, duk gari ya zo ya yi mini dariya. Amma ba zan ƙara ɗaure yarinyar mutane a tsakanin tsaye da zaune ba saboda abin da ban sani ba.

Na je wurin Pasto Barnaba na ce ya sa rana. Ya sa Asabar mai zuwa. Da na dawo na kira Keziya na ce, "In aka ce gwauraye su miƙe, ki miƙe, 'yata. Zan riƙe miki hannu." Muka yi kukan da muka ajiye wata goma sha huɗu. Har yanzu in waya ta yi ƙara gabana yakan faɗi. Ban san ranar da zai daina ba.

Ina roƙonku, duk mai karanta wannan, ya sunkuyar da kai mu yi addu'a tare.

Ya Ubangiji, kai ka yi sandararriyar ƙasa, kai ka haƙa teku, ka san zurfinsa. Mun bi dama, mun bi hagu, ba mu ga namu ba. Ga su nan muna kiran sunayensu a gabanka, kowa da nasa. In suna da rai, ka komo da su. In sun riga sun cika, ka riƙe su har ranar tashi. Mu kuma da muka rage, ba mu gane ba, ya Uba, amma ka ba mu ƙarfin tashi mu koma wurin masu jiranmu a gida. A cikin sunan Yesu Almasihu muka roƙa. Amin.