Littattafan Babila a Zauren Malam Bahauddeen

Akwai wani malamin tarihi a Falgore ta ƙasar Rogo, sunansa Lukumanu. A daminar bara aka wayi gari mutanen unguwarsu sun daina amsa masa gaisuwa da sakin fuska.

Lukumanu yana koyarwa a wata sakandare, amma abin da ya fi ƙauna ba ya cikin manhaja. Tun yana jami'a ya kamu da son tarihin Babila da Ashur, tsofaffin daulolin da suka yi zamaninsu a inda Iraƙi take yau. Ya yi shekaru yana tara littattafan da masana suka rubuta a kansu. Wasu ya tsinto wajen masu sayar da tsofaffin littattafai a Kano da Zariya, wasu kuma wani tsohon malaminsa ne ya bar masa. Yawancinsu na Turanci ne, kaɗan na Larabci.

A ciki akwai hotunan bijimai masu fikafikai da kan mutum. Akwai labaran gumakan mutanen. Akwai kuma rubutunsu, wanda suke dannawa a jikin ɗanyen yumɓu, kowace alama kamar kan ƙusa.

Wannan rubutun yake koya wa kansa. Yakan ɗebo yumɓu a bakin fadama, ya daɓe shi kamar sabulun wanki, ya fere tsinken kara, ya zauna yana kwafar alamomin. Wanda ya yi kyau ya shanya a kan katanga. Wanda ya ɓaci ya watsar a hanya idan zai koma ɗebo wani.

Gonar maƙwabcinsa Muhammad Auwal tana kan wannan hanya. Ranar da Auwal yake maimai, fartanyarsa ta tono wani curin yumɓu mai zane-zane. A shekarar kuwa gyaɗarsa ta ƙi, ganyen ya ƙanƙance ya yi ruwan ɗorawa.

Manomi ba ya tono rubutu a gonarsa ya ce tarihi ne. Da aka kuma ji cewa littattafan na Babila ne, sai zance ya ƙare. Duk wanda ya yi karatun allo ya san inda ya fara jin sunan garin nan: a ayar da ta yi maganar sihiri.

Lauratu, matar Lukumanu, ita ta fara ɗanɗana abin.

Ta ce, "Baban Kausar, yau na kai niƙa, mata suka janye kwanukansu daga kusa da nawa. Ka fita ka yi wa mutanen nan bayani. Ka nuna musu hotunan."

Ya ce, "Bayanin me? Mutumin da bai san inda Iraƙi take a taswira ba, shi zan zaunar in faɗa wa Ashur?"

"To ni ma ban san inda take ba, kuma tuwona kake ci."

Ya yi dariya, ya mayar da ido kan littafinsa.

Bayan kwana biyu yayansa Sabi'u, wanda yake riƙe da gidan tun rasuwar mahaifinsu, ya same shi a ɗaki.

Ya ce, "Dattawa sun yi magana. Ko ka fito ka faɗi abin da ke cikin littattafan nan, ko a fitar da su daga gidan nan."

"Yaya, duk mai son sani ya je ya yi digiri. Ƙofar jami'a a buɗe take."

Sabi'u ya dube shi, ya kaɗa kai ya fita.

Sai limamin unguwar, Malam Bahauddeen, ya tako da kansa. Tsoho ne, ya karantar da Sabi'u, ya karantar da Lukumanu ma kafin a sa shi boko. Aka shimfiɗa masa tabarma a zaure. Aka gaisa, aka tambayi iyali, aka tambayi ruwa da amfanin gona. Sannan ya ce ya ji ana ta surutu, shi ya sa ya zo ya gani da idonsa.

Lukumanu ya shiga ciki. Na Larabcin suna nan a saman kanta, hannunsa ya wuce su. Ya zaro mafi kauri a cikin na Turanci, ya kawo, ya buɗe a gaban tsohon. Ya san Malam bai yi boko ba.

Ya ce, "Ga shi, Allah gafarta Malam. A duba."

Malam Bahauddeen ya dubi shafin. Ya juya wani, ya sake juya wani. Sannan ya rufe littafin, ya miƙa masa da hannu biyu.

Ya ce, "Na gode, Malam Lukumanu. Idona bai kai nan ba."

Ya ɗauki sandarsa ya tafi. Lauratu tana bayan labule, ta ji komai.

Ba a jima ba aka tura Lukumanu Karaye, wajen wani taron bita na malamai. Yana can Sabi'u ya kira gayya a gonar gandu. Aka dama fura, aka yi tuwo tukunya guda. Rana ta take, ba wanda ya zo. Sabi'u ya dawo gida da fartanya a kafaɗa, bai zauna ba. Ya shiga ɗakin ƙanensa, ya kwashe littattafan cikin buhunan taki, ya jibge su a ƙofar gida. Ya sa aka kawo kara. Mutanen da suka ƙi zuwa gayya suka taru kallo.

Lauratu ta yafa mayafi ta nufi gidan liman da sauri. Ta durƙusa a bakin zaure.

"Allah gafarta Malam, na san abin da ya yi maka. Amma in aka ƙona su, ban san wanda zai dawo mini daga Karaye ba."

Malam ya tashi. Bai yi gaggawa ba, ƙafarsa ma ba ta gaggawa ba ce. Ya iske Sabi'u da ashana a hannu.

Ya ce, "Sabi'u, ka karanta su?"

"A'a, Allah gafarta Malam."

"Wa ya karanta a cikinku?"

Aka shiga kallon juna.

"To ba a yanke hukunci a kan wanda ba a ji ta bakinsa ba, ko da takarda ce. A kai mini su zaure. Daga yau amana ce a hannuna."

Sabi'u da kansa ya saɓi buhun farko.

Da Lukumanu ya dawo, ya tarar da kanta babu komai sai shatin ƙura. Ya tsaya a tsakar ɗaki, jakarsa ma bai ajiye ba. Lauratu ta ba shi labari daga farko har ƙarshe, ba ta ƙara ba, ba ta rage ba. Ya zauna a bakin gado. Da aka idar da la'asar ya nufi gidan liman.

Ya tarar da zauren cike, kamar yadda yake cika kullum a wannan lokaci. Malam yana kan buzu, sanye da tabarau, ɗaya daga cikin littattafan Larabcin a buɗe a cinyarsa. Lukumanu ya cire takalmi, ya durƙusa, ya gaishe shi.

"Allah gafarta Malam, a kan littattafan na zo."

"Suna nan, ko shafi bai yage ba. Na Larabcin na duba. Tarihi ne, da tatsuniyoyin mutanen da suka bauta wa abin da ba Allah ba, suka shuɗe. Ban ga abin da zai hana gyaɗa 'ya'ya ba. Na Turancin kuwa, kai ma ka sani."

Lukumanu ya sunkuyar da kai.

Malam ya ci gaba, "Ni ba na shaidar abin da ban sani ba. Kullum bayan la'asar ka zo, ka ɗauki ɗaya, ka faɗa wa jama'a abin da ke ciki da Hausa. Wanda ka gama, ka tafi da shi."

"Allah gafarta Malam, suna da yawa fa."

"Ai daminar ma da sauranta."

Aka matsa masa wuri. Ya sa hannu a buhu, ya zaro guda. Da farko Turanci yana ta shigo masa baki, sai wani dattijo ya ce, "Ɗan nan, da yaren uwarka." Ya gyara zama, ya sake farawa.

Ya ce wani sarkin Babila ne ya sa aka sassaƙa dokokin ƙasarsa a jikin dogon dutse. Ya nuna hoton dutsen, littafin ya zaga hannu hannu. Ya ce a cikin dokokin akwai wadda ta ce idan mutum ya yi sakaci da madatsar ruwan gonarsa, ruwa ya ɓalle ya cinye shukar maƙwabci, to shi zai biya hatsin.

Muhammad Auwal ya zabura daga bayan zaure.

"Kai, a sake karanto wannan! Mujahid, kana ji ko? Shekara nawa ruwan gonarka yana kwana a tawa?"

Mujahid, wanda gonarsa take sama da ta Auwal, ya ce, "To ka kai ni ƙara Babila."

Zauren ya ɗauki dariya, har Malam sai da ya cire tabarau.

Da dariyar ta lafa, Auwal ya sa hannu a aljihu, ya fito da curin yumɓun nan.

"Wannan fa da na tono?"

Lukumanu ya karɓa ya duba.

"Kalmar sha'ir nake koyon rubutawa, ta ɓaci, na yar. Bai kamata in yar a bakin gonarka ba. Ka yi haƙuri."

"To gyaɗata fa?"

Malam ya ce, "Gyaɗar mutanen garin Jajaye ma ta ƙi bana, kuma su ba su da Lukumanu."

Auwal ya jujjuya curin a hannu. Bai ce ya yarda ba. Ya dai mayar da shi aljihu, ya ce gobe zai dawo ya ji labarin bijimin nan mai fikafikai da ya gani a littafin, don shi har yanzu bai ga dalilin da zai sa a yi wa bijimi gemu ba.

Aka kira magariba, jama'a suka miƙe. Bayan salla Lukumanu ya kama hanyar gida, Sabi'u yana tafe a gefensa. Lauratu tana tsakar gida, ta dubi littafin da ke hammatar mijinta.

Ta ce, "Guda ɗaya?"

Ya ce, "Guda ɗaya."

Ya shiga ɗaki, ya goge kantar da hannun riga, ya ajiye shi.

Darasi: Ilimin da mai shi ya rufe a ɗaki don ya raina mutane, jahilci ne zai yi masa fassara, kuma ba zai yi ta da daɗi ba. In Allah ya sanar da kai abin da maƙwabtanka ba su sani ba, zauna a tabarmarsu ka faɗa musu da harshen da suke ji. In kuma kai aka raina, kada hakan ya hana ka yin adalci. Ku tura wa duk wanda karatu ya fara sa shi ganin mutanen unguwarsu ƙanana.